Na Yi Ritaya Amma Har Yau Ba A Yanke Hukunci Kan Kokena Na Ƙarin Girma Ba

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni tsohon jami'in gwamnati ne. Saura shekara biyu in bar aiki aka yi ƙarin girma, aka tsallake ni, aka ɗaga waɗanda suke ƙasa da ni. Tun ina bakin aiki na rubuta koke. Yanzu shekarata uku da ritaya, na aika takardun tuni har huɗu, duk sanda na je sai a ce ana kan dubawa. Ba a ce an ƙi ba, ba a ce an amince ba. In ci gaba da jira ne, ko akwai abin yi?

Amsa: Wa alaikumus salam, yallaɓai. Allah ya sa albarka a hutun da ka samu. Kada ka ci gaba da jira, kuma kada ka ƙara rubuta takardar tuni ta biyar irin waɗancan. Na daɗe ina hulɗa da fayilolin ma'aikata, kuma yawancin koke-koken da na ga sun mutu, masu su suna da gaskiya. Lokaci ne ya cinye su suna zaune suna jiran amsa. Shirun da ake yi maka yana da sakamako a doka, kuma a ƙasashe da dama sakamakon a kanka yake faɗawa.

Bari in fara da abin da yake faruwa a cikin ofis, domin wanda yake waje yakan ɗauka akwai wani mutum guda da ya danne takardarsa. Wani lokaci haka ne, amma ba kasafai ba. Koken wanda ya yi ritaya maraya ne a ma'aikata. Ranar da ka ajiye aiki, fayilinka ya tashi daga sashen kula da ma'aikata ya koma wurin masu lissafin fansho, daga nan sai ɗakin ajiya. Shi kuma koken yana cikin wani fayil dabam, in ma an buɗe masa. Jami'in da zai duba koken yana buƙatar fayilin aikinka, da rahotanninka na shekara-shekara, da bayanin zaman kwamitin da ya tsallake ka, kuma kowanne yana hannun wani sashe. Da za a ba ka fayilin ka buɗe shafin da manya suke rubuta umarni, ga irin abin da za ka gani a jere: "A kawo cikakken bayani." "A haɗo da fayilin aikinsa." "A nemi shawarar sashen shari'a." "A jingine sai kwamiti ya zauna." Kowane layi da sa hannu da kwanan wata, tsakanin wannan da wancan wata uku, wata biyar. Kafin shawarar lauyoyi ta dawo an yi wa daraktan da ya nema canjin wurin aiki, sabon da ya zo sai ya rubuta, "A kawo cikakken bayani."

Dubi lamarin ta idon wanda zai sa hannu. In ya ce kana da gaskiya, ya jawo wa ma'aikata bashin albashi da sabon lissafin fansho, kuɗin da babu su a kasafin bana, kuma gobe mai binciken kuɗi zai iya tambayarsa dalili. Ya kuma ce ke nan kwamitin baya ya yi kuskure, alhali wataƙila wani daga cikin mambobin kwamitin shi ne shugabansa a yau. Sannan yana tsoron duk wanda aka tsallake a shekarar zai biyo sahunka. In kuma ya ce ba ka da gaskiya, ya ba ka takardar da za ka kai kotu. In ya yi shiru, babu abin da zai same shi. Ma'aikacin da yake bakin aiki yana iya tare shi a matattakala kullum da safe, ƙungiyar ma'aikata tana iya yi masa magana. Kai kuwa ka tafi. Shi ya sa aikinka yanzu shi ne ka sa shirun ya fi masa tsada a kan amsa.

Abu mafi hatsari shi ne wa'adin shigar da ƙara. Kusan kowace ƙasa ta ƙayyade lokacin da mutum zai kai hukuma kotu, kuma lokacin gajere ne ƙwarai. A Ingila, wanda yake son kotu ta duba hukuncin wata hukuma sai ya shigar da ƙara cikin hanzari, kada ya wuce wata 3. A Nijeriya dokar kare jami'an gwamnati ta ba da wata 3 daga ranar da aka yi abin, sai dai in cutarwar mai ci gaba ce. Kotuna sun yi hukunci iri biyu a kan ko wannan wa'adi ya shafi rigimar aiki, don haka mai hankali ba zai jingina da sa'a ba. A Afirka ta Kudu, ƙorafin rashin adalci a ƙarin girma kwana 90 ake ba shi a ƙarƙashin dokar ƙwadago ta 1995.

To, me doka take cewa in hukuma ta ƙi magana gaba ɗaya? A nan ne ƙasashe suka yi dabara, kuma dabarar tana da kaifi biyu. A Faransa, in ma'aikacin gwamnati ya rubuta wa hukumarsa buƙata aka yi wata 2 ba amsa, doka ta ɗauka an ƙi, daga ranar kuma yana da wata 2 ya je kotun da take sauraron ƙarar hukumomi. A Jamus, in aka yi wata 3 ba a yanke hukunci ba kuma babu gamsasshen dalili, mutum yana iya shigar da ƙara kan cewa hukuma ta ƙi yin aikinta. A Indiya, dokar 1985 da ta kafa kotunan ma'aikatan gwamnati ta ce in aka yi wata 6 ba a amsa koke ba, to mai koke ya gama bin hanyoyin cikin gida, yana da shekara 1 daga nan ya shigar da ƙara. A Amurka, dokar tafiyar da hukumomi ta 1946 ta ba kotu ikon tilasta wa hukuma ta yi aikin da ta jinkirta ba bisa dalili ba. Alherin wannan tsari shi ne ba a barin mutum a rataye. Sharrinsa kuma, a irin tsarin Faransa da Indiya, shi ne agogo yana fara bugawa ba tare da kowa ya aiko maka da takarda ba. Mutum yana gida yana cewa ai ba a amsa min ba tukuna, alhali a wurin doka an amsa masa tuntuni, ƙofar kotu ma ta rufe.

Takardun tuni ba sa tsayar da wannan agogo. Wannan magana ita ce tsofaffin jami'ai suka fi jin zafinta, domin sun saba da ladabin aiki: ka rubuta, ka jira, ka tunatar cikin girmamawa. Kotun Ƙolin Indiya ta yanke tun 1989 cewa maimaita koke wanda doka ba ta tanada ba, ba ya sabunta wa'adi, kuma wannan fahimta ita ce ta yi rinjaye a kotuna da dama masu bin tsarin shari'ar Ingila. Alƙali zai tambayi ranar da aka tsallake ka, da ranar da ka rubuta koken farko, da ranar da ka zo gabansa. Takardu huɗun nan suna da amfani guda: suna nuna ba ka yi barci a kan haƙƙinka ba, kuma in hukumar ta taɓa amsa ɗaya daga cikinsu a rubuce ta ce tana kan dubawa, wannan takarda ka riƙe ta da kyau, domin da ita lauya zai roƙi kotu ta yafe jinkirin, a inda doka ta ba da damar yafewa. Maganar baki da wani jami'i ya yi maka a ofis ba ta zama hujja.

Kada wannan ya karya maka gwiwa, shekarun da suka wuce ba lallai ne sun kashe komai ba. Akwai bambanci tsakanin ƙarin girman kansa da fanshon da ya biyo bayansa. Tsallake ka da aka yi abu ne da ya faru rana ɗaya. Biyan ka fansho ƙasa da abin da ya kamata kuwa yana maimaituwa duk wata. Kotun Ƙolin Indiya a 2008 ta fayyace wannan da kyau: ta ce ana iya sauraron ƙarar fansho ko da an makara, saboda cutarwa ce mai ci gaba kuma gyaranta ba ya taɓa kowa, amma bashin da za a biya a tsaya a shekara 3 kafin ranar shigar da ƙara, in kuwa buƙatar za ta tayar da jerin girma da matsayin wasu da ya riga ya zauna, to jinkiri yana iya kashe ta. Ka ga ritayar taka ta zama hujja a gare ka. Ba kujerar kowa kake nema ba, ba za a sauke kowa saboda kai ba.

Wannan ya kawo mu ga abin da ya kamata ka nema, domin na ga koke da yawa da aka rubuta da zafin rai, shafi shida, amma ba a faɗi abin da ake so a yi ba. A yawancin dokokin aiki, ma'aikaci ba shi da haƙƙin lallai sai an ƙara masa girma. Haƙƙinsa shi ne a duba shi da adalci, a lokacin da ya dace, da ma'aunin da aka auna sauran. Saboda haka kotu ba ta cika cewa a ba wane muƙami kaza ba. Abin da takan ce shi ne a sake zaman kwamiti a duba shi kamar ana cikin waccan shekarar, da ƙa'idojin waccan shekarar, da rahotanninsa na lokacin. In ya cancanta, sai a rubuta masa ƙarin girma a takarda daga ranar da aka ɗaga na ƙasa da shi, a sake lissafa albashinsa na ƙarshe, a gyara garatuti da fansho. Bashin albashin shekarun da bai zauna a kujerar ba kuwa, hukumomi sukan ce ba a biyan aikin da ba a yi ba, kotuna kuma sukan ba da shi ne in ya tabbata laifin hukuma ne ya hana mutum yin aikin. Ka nemi shi, amma kada ka ɗora zuciyarka a kansa.

Nauyin gyaran ya danganta da irin fanshonka. A tsarin da ake lissafi da albashin ƙarshe, mataki guda yana bin mutum har ƙarshen rayuwarsa. A tsohon tsarin Nijeriya, alal misali, wanda ya yi shekara 35 yana karɓar kashi 80 cikin 100 na albashinsa na ƙarshe. A tsarin adashin gata, irin wanda ƙasar ta koma a 2004, abin da za a gyara shi ne bambancin kuɗin da ya kamata a zuba a asusunka a waɗannan shekaru biyu, wanda bai kai wancan yawa ba. Ka yi wannan lissafi kafin ka biya lauya. Na san ba kuɗi kaɗai ba ne, akwai mutunci, akwai takaicin ganin yaron da ka koya wa aiki ya zama shugabanka. Amma gara ka shiga da idonka a buɗe.

Abin da ka faɗa a tambayarka mai ƙarfi ne: an ɗaga na ƙasa da kai tun kana bakin aiki. Da bayan tafiyarka aka ɗaga su, da maganar ta yi rauni sosai, domin hukuma za ta ce ba a ƙara wa wanda ba ya aiki girma. Sai dai ka shirya wa amsar da za su iya bayarwa. Ko dai su ce ba ka ci jarrabawa ko ganawar ba, ko babu gurbi a ɓangarenka, ko akwai takardar tuhuma da ba a rufe ba a lokacin, ko rahotonka na wata shekara bai kai ba. Biyun farko in gaskiya ne da wuya a ture su. Na uku, in daga baya an wanke ka, to ya kamata a mayar maka da abin da ka rasa. Na huɗu shi ne inda hukumomi suka fi faɗuwa, domin sau da yawa ana amfani da mummunan rahoto wanda ba a taɓa nuna wa ma'aikaci ba balle ya kare kansa, ko kuma rahoton ya ɓace gaba ɗaya saboda shugabansa bai cike ba, aka ɗora masa laifin. Ka zauna ka tambayi kanka tsakaninka da Allah wanne ne zai iya zama naka, ka faɗa wa lauyanka tun kafin ɗaya ɓangaren ya faɗa masa.

Yanzu ga abin yi. Ka ɗauki takarda guda ka jera ranaku: ranar da ka hau matakinka na ƙarshe, ranar da ka cika shekarun neman na gaba, ranar zaman kwamiti, ranar da aka fitar da sunaye, ranar koken farko, ranar kowace tuni, ranar ritaya. Kowace rana ka haɗa ta da takardar da take tabbatar da ita. Ka nemi jerin girma na shekarar, wanda yake nuna sunanka a sama da nasu. Da wannan takarda za ka je wurin lauya masanin shari'ar aiki a wannan makon, tambayarka ta farko kuma ita ce: wa'adina ya ƙare ko da saura? Amsar wannan ce za ta nuna ko akwai sararin sake rubuta wa hukuma, ko kuwa kotu za a nufa kai tsaye.

In akwai sarari, sai a rubuta takarda ta ƙarshe, shafi ɗaya ko biyu, zuwa ga wanda doka ta ba ikon yanke hukunci a matakinka. A kula da wannan, domin manyan jami'ai galibi hukumar kula da ma'aikata ce take da ikon ƙara musu girma, ma'aikatarsu shawara kawai take bayarwa, kuma na ga mutanen da suka shekara suna rubuta wa ofishin da ba shi da ikon cewa e ko a'a. Takardar ta kawo lambar fayil, ta jera ranakun, ta ambaci sashen dokar aiki da aka saɓa, sannan ta ce wani abu kamar haka: "Ina neman a sake duba cancantata daga ranar da aka ƙara wa na ƙasa da ni girma, a sanar da ni hukuncin a rubuce tare da dalilansa cikin kwana 30. In wa'adin ya wuce ban ji komai ba, zan ɗauka an ƙi, zan kuma nemi haƙƙina inda doka ta tanada." Ba zagi, ba sunan wanda kake zargi ya yi maka makirci, ba tarihin wahalar da ka sha wa gwamnati. Ka kai kwafi biyu rajista, a buga wa naka hatimi da kwanan wata da sa hannun wanda ya karɓa. In sun ƙi bugawa, ka aika ta kamfanin kai saƙo mai ba da shaidar isarwa.

A rana guda ka shigar da buƙatar ganin bayanai, in ƙasarka tana da irin wannan doka. Ta Nijeriya ta 2011 ta ba hukuma kwana 7 ta amsa, ta Indiya ta 2005 kwana 30. Ka nemi abu takamaimai: makin da aka ba ka, yawan guraben da aka cike, ƙa'idar da aka bi, da ofisoshin da fayilin kokenka ya bi da ranakun. Za su iya hana ka makin wasu, wannan ba komai. Amfanin wannan buƙata biyu ne. Tana ba ka hujja, sannan tana tilasta wa wani ya tashi ya nemo fayilin, wanda wataƙila shekara biyu ba a taɓa shi ba. Sau da yawa daga nan ne magana take motsawa.

Akwai kuma hukumomin karɓar koke-koken jama'a, waɗanda jan ƙafar ofis yana cikin ainihin abin da aka kafa su dominsa. Kyauta ne, kuma wasiƙarsu tana da nauyi a teburin babban sakatare. Amma mafi yawansu shawara suke bayarwa, ba umarni ba, zuwa wurinsu kuma ba lallai ne ya tsayar da wa'adin kotu ba. Suna da nasu iyakokin: ta Nijeriya, wadda aka kafa a 1975, dokarta ta hana ta karɓar ƙorafin da ya wuce wata 12, da wanda yake gaban kotu, da abin da aka yi wa soja ko ɗan sanda a ƙarƙashin dokokinsu.

In kai mai kaki ne, hanyarka ta ɗan bambanta. Dokokin soja sukan wajabta a bi matakan koke na cikin gida daga kwamanda zuwa sama kafin a je kotu, kamar yadda sashe na 178 na dokar sojan Nijeriya ya tanada, kuma tsallake mataki guda yana iya sa a kori ƙara ba tare da an duba gaskiyarta ba. A Faransa soja yana fara kai kokensa ga wani kwamiti na musamman, in aka yi wata 4 shiru an ƙi ke nan. Birtaniya tun 2016 tana da jami'i mai zaman kansa da yake da ikon bincikar jinkiri a koken soja, na bakin aiki da wanda ya bari. Kotuna kuma sun fi ɗari-ɗari da shiga maganar muƙaman soja, saboda zaɓe ne na cancanta da yawan gurbi, don haka a nan hujjar saɓa ƙa'ida ta fi hujjar "na fi shi iya aiki" tasiri nesa ba kusa ba.

In aka kai ga kotu, ka san abin da za ka iya fitowa da shi. Mafi sauƙin samu shi ne umarnin a yanke hukunci a kan kokenka cikin wa'adi kaza. Mutane sukan yi murna da wannan, sai bayan wata biyu a aiko musu da layi biyu: an duba, ba a amince ba. Ka koma farko ke nan, sai sabuwar ƙara. Saboda haka ka ce wa lauyanka ya roƙi a ba da hukunci mai ɗauke da dalilai, a ba ka damar a ji ta bakinka, sannan ya haɗa da buƙatar kotu ta duba tsallakewar kanta ta kuma ba da umarnin gyara fansho, domin kada wankin hula ya kai ka dare. A tabbata kuma an kai ƙarar kotun da take da hurumi. A Nijeriya, tun gyaran tsarin mulki na 2010, rigimar aiki da fansho ta Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce. Bayan hukunci ma sai an bi, a kai kwafinsa mai hatimi ga hukumar da ofishin fansho, in sun yi kunnen uwar shegu a koma a nemi kotu ta tilasta.

Kafin nan, ka ci gaba da karɓar fanshonka yadda yake, karɓar ba ta zubar da kokenka. Abin da za ka kiyaye shi ne sa hannu a kan duk wata takarda mai cewa ka karɓi dukkan haƙƙoƙinka ba ka bin komai. In dole ne sai ka sa, ka rubuta a gefe cewa ka karɓa ne ba tare da janye kokenka na ranar kaza ba. Kada ka ba kowa takardunka na asali, kwafi ya isa. Wanda ya ce ka kawo wani abu ya tura maka fayil, ka rabu da shi, domin in maganar ta fito ita za a riƙe a manta da gaskiyarka. Sannan ka nuna wa ɗaya daga cikin iyalinka inda takardun suke da sunan lauyan, saboda bashin fansho da garatuti kuɗi ne da magada suke iya bi, kuma gyaran matakin yana iya shafar abin da za a biya iyali a bayanka.